Tarihin Aaliyah: Shekara 22 A Duniya, Sau Biyu Ana Cin Amanarta

A wannan fitowa za mu tsallaka teku ne zuwa ƙasar Amurka, mu ɗauko tarihin wata yarinya baƙar fata, mawaƙiya kuma 'yar wasan fim, wadda ake kira Aaliyah. Na san waɗanda suka yi samartaka da 'yammatanci a nan Kudu wajen ƙarshen shekarun 1990 ba za su ce ba su san ta ba, don ko mutum bai riƙe sunanta ba ya ji muryarta a rediyo, ko kuwa ya gan ta a gidan kallo tare da Jet Li, haifaffen ƙasar Sin ɗin nan gwanin faɗa. Dattawanmu kuwa mai yiwuwa su ce, to mu ina ruwanmu da mawaƙiyar Amurka? Su yi mini haƙuri su karanta har ƙarshe.

Yarinyar nan shekara 22 kawai ta yi a duniya, kuma a cikin wannan ɗan lokaci sau biyu manya waɗanda ta dogara da su suka take doka don biyan bukatar kansu. Na farko tana da shekara 15, aka ƙara mata shekaru a takarda aka yi mata auren ɓoye. Na biyu tana da shekara 22, aka lafta wa jirgin saman da ta shiga kayan da suka fi ƙarfinsa. Na farkon ta tsallake da ƙyar, na biyun shi ya zama ajalinta. Duk mai 'ya a gida, da duk mai shiga mota zuwa Arewa, yana da abin ɗauka a labarin nan.

Asalinta

Cikakken sunanta Aaliyah Dana Haughton. An haife ta ran 16 ga watan Janairu, 1979, a unguwar Brooklyn ta birnin New York. Sunan nan nata shi ne dai Aliyan da muka sani, daga Larabci, watau maɗaukakiya, ko da yake iyayenta Kirista ne 'yan ɗariƙar Katolika, kuma a makarantar Katolika ta yi firamare. Su biyu ne wurin iyayensu, ita da yayanta Rashad. Tana da shekara 5 gidansu ya tashi ya koma birnin Detroit a jihar Michigan, a can kuma ta girma.

Shi wannan gari Detroit yana da tarihin da mu mazauna Sabo da Zango za mu gane da sauri. Gari ne na ƙera motoci, a cikinsa da kewayensa kamfanonin Ford da General Motors da Chrysler suka kafu. Daga wajen 1910 zuwa 1970 baƙaƙen fata kimanin miliyan 6 suka bar jihohin kudancin Amurka, inda wariyar launin fata ta hana su sakat, suka nufi biranen arewa da na yamma neman aiki. Da yawa daga cikinsu a Detroit suka ya da zango, suka kafa unguwanninsu da wuraren ibadarsu, suka kuma zo da irin kiɗansu. Cikin 'ya'yan waɗannan baƙi ne aka sami Berry Gordy, wanda ya kafa kamfanin waƙa na Motown a 1959, kamfanin da ya fito da su Stevie Wonder da Diana Ross da Marvin Gaye. To kun ga a irin wannan gari, yarinya mai murya ba ta ɓoyuwa.

Ita kuwa Aaliyah har a cikin dangi tana da hanya. Kawunta Barry Hankerson, ɗan'uwan mahaifiyarta, a harkar waƙa yake, manajan mawaƙa ne, ya kuma taɓa auren shahararriyar mawaƙiyar nan Gladys Knight. Tana da shekara 10 ta shiga wata gasar waƙa ta talabijin mai suna Star Search. Ba ta ci ba, amma an gan ta. Tana da shekara 11 Gladys Knight ta tafi da ita birnin Las Vegas, ta hau dandali tare da ita dare biyar a jere. Da ta kai shekara 12 kawun nata ya sa ta a kamfaninsa mai suna Blackground, wanda ya ƙulla yarjejeniya da wani babban kamfani, Jive. Yarinyar da ba ta gama ƙaramar sakandare ba, ga ta da kwantaragi a hannu.

Faifan farko da auren ɓoye

A lokacin nan Hankerson shi ne manajan wani mawaƙi ɗan birnin Shikago da ke tashe ƙwarai, Robert Kelly, wanda aka fi sani da R. Kelly. Shi kawun ya haɗa su, aka damƙa wa Kelly yarinyar a kan ya koya mata aiki, ya rubuta mata waƙoƙi, ya haɗa mata kiɗa. Aka fara ɗaukar faifan a Shikago cikin 1993, tana da shekara 14. Ya fito ran 24 ga Mayu, 1994, ya kuma karɓu nan da nan. Waƙar da aka fara saki daga cikinsa, Back & Forth, ta kai ta 5 a jerin waƙoƙi 100 da suka fi tashe a Amurka, wanda mujallar Billboard ke fitarwa kowane mako. Faifan kansa an sayar da fiye da miliyan 2 a Amurka kaɗai.

Sunan faifan shi ne Age Ain't Nothing but a Number, ma'ana wai shekaru ba komai ba ne illa lissafi. Waƙar da ke ɗauke da wannan suna kuwa, ƙaramar yarinya ce ke lallashin wani babba a kan kada ƙuruciyarta ta hana shi son ta. Babban mutum mai shekara ashirin da 'yan kai ne ya zauna ya rubuta wannan, ya sa a bakin 'yar shekara 14. A bangon faifan ma ga hotonta a gaba, ga shi can baya ya jingina da bango yana kallon ta. Duk wannan a fili aka yi shi, gidajen rediyo suka yi ta sakawa, kamfani ya yi ta karɓar kuɗi, ba wanda ya ce a tsaya tukuna.

Ran 31 ga Agusta, 1994, a wani ɗakin otel da ke Rosemont kusa da Shikago, aka ɗaura wa R. Kelly aure da Aaliyah. Shi yana da shekara 27, ita 15. A takardar auren an rubuta wai shekararta 18, domin dokar jihar Illinois ba ta yarda 'yar shekara 15 ta yi aure ba, ita 'yar 16 ko 17 ma sai da yardar iyaye. Iyayenta kuwa ba su sani ba sam. A nan nake so dattawanmu su lura, don kada wani ya ce ai mu ma ana aurar da yarinya da wuri. Auren da muka sani da waliyyi ake yin sa, da shaidu, da sanin dangi da na unguwa. Wannan kuwa da katin shaida na jabu aka yi shi, a ɗakin otel, ana ɓoye wa uwa da uba.

Magana ba ta daɗe ba ta fasu. Mujallar Vibe ta samo takardar auren ta buga hotonta kowa ya gani. Iyayen suka tashi tsaye, a watan Fabrairu na 1995 aka rushe auren, aka raba ta da Kelly gaba ɗaya, ba su sake yin aiki tare ba. A gaban 'yan jarida su duka biyun musun auren suka yi ta yi. Amma a 1997, da ta cika shekara 18, ta shigar da ƙara a kotun gundumar Cook tana neman a goge duk wata takarda da ta shafi auren, a kan cewa ƙaramar yarinya ce lokacin da aka yi shi. Daga nan har ta bar duniya, in an tambaye ta game da shi sai ta kau da zancen.

Abin takaicin shi ne yadda duniyar waƙa ta ɗauki lamarin. Shi babban bai rasa komai ba, fayafayansa suka ci gaba da tashi, kyaututtuka suka ci gaba da zuwa. Ita yarinyar ce aka riƙa yi wa kallon mai abin kunya, har ya zama samun wanda zai haɗa mata kiɗan faifai na biyu ya yi wuya. Da yawa sun ɗauka tata ta ƙare ke nan, tun da a ganinsu Kelly ne ya yi ta, in ba shi ba ita.

Yadda ta sake tashi

Ta bar kamfanin Jive ta koma Atlantic, sa'an nan aka haɗa ta da wasu matasa biyu daga jihar Virginia waɗanda a lokacin ba kowa ya san su ba, Timbaland mai haɗa kiɗa da Missy Elliott mai rubuta waƙa. Su ukun suka fito da wani salo da kunnen mutane bai saba da shi ba. Kiɗan Timbaland a gutsuttsure yake, ganga ta buga ta tsaya ta sake bugawa inda ba ka zata ba, kamar mai in'ina. Ita kuma Aaliyah ba ta ɗaga murya ta yi ta kwarmato irin na manyan mawaƙan lokacin. A hankali take rerawa, murya siririya mai sanyi, tana bi ta saman kiɗan. Faifan da suka yi, One in a Million, ya fito a watan Agusta na 1996, shi ma aka sayar da fiye da miliyan 2 a Amurka. Masana kiɗa har yau suna lissafa shi cikin fayafayan da suka canja yadda ake waƙar baƙaƙen Amurka, kuma daga kansa Timbaland da Missy Elliott suka zama manya.

Duk da wannan ɗaukaka ba ta bar makaranta ba. Ta ci gaba da karatu a sakandaren koyon fasaha da wasan kwaikwayo ta Detroit, ta gama a 1997 da sakamako mafi girma da ɗalibi ke iya samu a tsarinsu. Fannin wasan kwaikwayo ta karanta, don tun can burinta ke nan. Shigarta ma ta zama abin kwaikwayo ga 'yammatan lokacin, watau wando burgujeje, da baƙin tabarau, da gashi da take zubowa ya rufe mata idon hagu. Kamfanin tufafi na Tommy Hilfiger ya ɗauke ta talla a 1997. A watan Maris na 1998, tana da shekara 19, ta tsaya a gaban manyan 'yan fim na duniya a bikin ba da kyautar Oscar, ta rera waƙar wani fim ɗin zane mai suna Anastasia. A wannan shekara ce kuma ta yi waƙar Are You That Somebody? don fim ɗin Dr. Dolittle, wadda Timbaland ya cusa muryar jariri a cikin kiɗanta, waƙar da ta sa aka fara sa sunanta a takarar kyautar Grammy.

Shigarta fim

Fim ɗinta na farko shi ne Romeo Must Die, wanda ya fito a watan Maris na 2000. Labarin gidaje biyu ne na 'yan daba masu gaba da juna a birnin Oakland, ɗaya na baƙaƙe ɗaya na 'yan Sin. Ita ce ta fito a matsayin Trish, 'yar shugaban gidan baƙaƙen, wadda ba ta son harkar ubanta, Jet Li kuma ya fito a ɗan ɗaya gidan, wanda ya gudo daga kurkuku a Hong Kong ya zo neman wanda ya kashe ƙaninsa. Fim ɗin ya tara kimanin dala miliyan 91 a duniya. Waƙar da ta yi masa, Try Again, ta kafa tarihi a watan Yuni na 2000. A da, waƙa ba ta shiga jerin Billboard sai an buga ta a faifai an sayar a kanti, sai a ƙarshen 1998 aka sassauta wannan ƙa'ida. To Try Again ce waƙa ta farko da ta hau lamba ɗaya a jerin ta hanyar yawan sakawa a rediyo kaɗai.

Daga nan sai ƙofofi suka buɗe. Ta tafi birnin Melbourne na ƙasar Ostireliya ta yi fim na biyu, Queen of the Damned, inda ta fito a matsayin Akasha, wata tsohuwar sarauniyar masu shan jini. Da rana tana gaban kyamara, da dare tana situdiyo tana ɗaukar waƙoƙin faifanta na uku. Aka kuma ɗauke ta a kashi na biyu da na uku na fim ɗin The Matrix, har ta fara aikin. Faifan na uku, wanda ta sa wa sunanta, Aaliyah, ya fito a watan Yuli na 2001, ya shiga jerin fayafayai a lamba 2, an sayar da kimanin 187,000 a makon farko. Shekara bakwai bayan an ce tata ta ƙare, ga ta a kan gaba a waƙa, ga ta tana shiga sahun manya a fim.

Ranar 25 ga Agusta

A ƙarshen watan Agusta na 2001 ita da ma'aikatanta suka tafi tsibiran Abaco na ƙasar Bahamas, gabas da jihar Fulorida, don ɗaukar bidiyon wata waƙa ta sabon faifan mai suna Rock the Boat. Bisa al'ada ba ta tafiya sai da wani daga gidansu, uwa ko uba ko yayanta Rashad, amma a wannan tafiya ba ko ɗaya daga cikinsu. An shirya za su koma Amurka ran Lahadi 26 ga wata. Sai aka gama nata ɓangaren aikin da wuri ran Asabar, suka ce to zaman me za a yi, gara a koma yau.

A nan matsala ta fara. Jirgin da ya kawo su Cessna 404 ne. Wanda aka samo musu na komawa kuwa Cessna 402 ne, ƙarami a kan na farkon, mai inji biyu, wanda duka nauyinsa lokacin tashi, da mai da mutane da kaya, bai kamata ya wuce kimanin kilo 2,860 ba. Mutanen da kayansu kuwa ba su ragu ba. Waɗanda ke filin jirgin Marsh Harbour a ranar sun ba da labarin cewa an yi gardama wajen lodi, matuƙin ya ce kaya sun yi yawa, fasinjoji suka matsa a kan lallai sai an tafi da komai. Daga ƙarshe ya ba da kai, aka cusa kaya, mutum takwas suka shiga, shi ne na tara.

Wajen ƙarfe 6:50 na yamma jirgin ya tashi zai nufi filin Opa-locka kusa da Miami, tafiyar da ba ta fi kimanin awa ɗaya ba. Ya ɗan ɗaga sama kaɗan sai ya sunkuyo da ka, ya faɗi a cikin fadama kimanin mita 60 daga ƙarshen titin jirgin, ya kama da wuta. Duk su tara suka mutu, wasu nan take, wasu jim kaɗan bayan an ciro su. Ban da Aaliyah da matuƙin, akwai masu yi mata gyaran gashi da kwalliya, da mai tsaron lafiyarta, da ma'aikatan kamfanonin waƙa. Su ma 'ya'yan wasu ne, iyayen wasu ne, sai dai sunanta ya rufe nasu.

Abin da bincike ya gano

Da masu bincike suka auna, sai suka tarar nauyin jirgin ya zarce ƙa'ida da kimanin kilo 320, watau buhun shinkafa mai kilo 50 guda shida da ɗoriya. Ya kuma ɗauki mutum ɗaya fiye da adadin da aka yarje masa. Ban da yawan nauyin, yadda aka jera shi ma ba daidai ba ne, ya rinjaya ta baya. Direbobinmu na manyan motoci sun san wannan sarai, in ka tara lodi a gindin mota gaba sai ya yi sakayau, sitiyari ya ƙi jin magana. Haka abin yake a jirgi, sai dai ya fi muni. In nauyi ya koma baya, hancin jirgi ɗagawa yake yi sama fiye da kima, fukafukai su kasa riƙe iska, kuma jirgin da bai riga ya yi nisa da ƙasa ba ba shi da sararin da zai gyara kansa.

Sa'an nan aka juya kan matuƙin, Luis Morales, ɗan shekara 30. Kwana biyu ke nan da kamfanin jirgin, Blackhawk International Airways, ya ɗauke shi aiki, kuma ba shi cikin waɗanda hukuma ta amince su tuƙa wa kamfanin wannan jirgi. An gano ya yi ƙarya wajen yawan awoyin tuƙin da ya rubuta don samun lasisi. Kwana 12 kafin hatsarin ya tsaya gaban kotu a Fulorida kan laifin mallakar hodar ibilis. Da likitoci suka binciki gawarsa kuma, suka sami ɓurɓushin hodar da na giya a jikinsa. Kun ga ke nan ƙa'ida nawa aka tsallake kafin jirgin ya bar ƙasa: ta ɗaukar ma'aikaci, ta lasisi, ta yawan fasinja, ta nauyin kaya. Ko ɗaya daga ciki aka tsaya a kanta, da ba a tashi a wannan yamma ba. Iyayen Aaliyah sun kai ƙarar kamfanonin da abin ya shafa, aka sasanta a wajen kotu a 2003.

An yi jana'izarta a cocin St. Ignatius Loyola da ke New York. Aka ɗauko akwatin gawar a keken doki, jama'a suka cika titi, aka saki fararen tattabaru 22, ɗaya a madadin kowace shekara ta rayuwarta. Ranar kuwa ita ce 31 ga Agusta, 2001, shekara bakwai cif ke nan da ranar da aka yi mata wancan aure a otel. Faifanta ya tashi daga lamba 19 ya hau lamba ɗaya. Kwana 11 bayan jana'izar aka kai harin 11 ga Satumba a wannan birni na New York, hankalin duniya ya koma can. Fim ɗin Queen of the Damned ya fito a watan Fabrairu na 2002, kuma sai da aka kira Rashad ya maimaita wasu kalamanta aka gauraya da muryarta, don ba ta kai ga kammala gyaran sauti ba. Matsayinta a The Matrix aka ba Nona Gaye, 'yar Marvin Gaye.

Gaskiyar da ta jira shekara 27

Shi kuwa R. Kelly ya ci gaba da cin kasuwarsa. An gurfanar da shi a Shikago kan wani bidiyo na lalata da ƙaramar yarinya, amma a 2008 kotu ta sallame shi. Sai a watan Janairu na 2019 aka nuna wani shirin talabijin mai suna Surviving R. Kelly, inda mata da dama suka fito da fuskokinsu suka faɗi abin da ya yi musu tun suna ƙanana. A wannan shekara aka kama shi. A shari'ar da aka yi a 2021 a Brooklyn, unguwar da aka haifi Aaliyah, wani tsohon manajan tafiye-tafiyensa ya tsaya ya yi rantsuwa cewa shi da hannunsa ya ba wani ma'aikacin gwamnati cin hancin dala 500 aka yi wa yarinyar katin shaida na jabu. Ya kuma faɗi dalilin auren: Kelly na zaton ta ɗauki ciki, aka ba shi shawara ya aure ta don ya kare kansa daga ɗauri. Ashe auren ma garkuwa aka yi da shi. Ran 27 ga Satumba, 2021, aka same shi da laifi, a watan Yuni na 2022 aka yanke masa ɗaurin shekara 30. A takardun shari'ar Aaliyah ce aka lissafa ta farko cikin waɗanda ya zalunta. Shekara 27 ke nan bayan auren, shekara 20 bayan mutuwarta.

Akwai kuma wani abin ban haushi da ya shafi waƙoƙinta. Da zamani ya juya mutane suka koma sauraron waƙa ta intanet, fayafayanta biyu na ƙarshe, waɗanda su ne nata na ƙashin kanta, ba a sa su ba, don suna hannun kamfanin kawunta, shi kuma ya riƙe. Shekara da shekaru wanda ake samu cikin sauƙi shi ne na farkon, wanda Kelly ya rubuta, wanda kuma yake da kaso a kuɗinsa. Sai ran 20 ga Agusta, 2021, aka saki One in a Million, shi ma cikin saɓani tsakanin kawun da masu kula da gadonta. Da fitowarsa ya shiga cikin goman farko a jerin Billboard, matsayin da bai taɓa kai wa ba tana raye.

Namu rabon

'Yan'uwa, ban kawo tarihin nan don in yi wa Amurkawa dariya ba. Mu da muke zaune nesa da gida mun fi kowa ba da amanar yara. Wannan ya ba da ɗansa koyon sana'a a wurin maigida, wannan ta ba da 'yarta aikatau ko talla, yanzu kuma ga masu cewa za su sa yarinya a fim ko su kai ta situdiyo. Ba da amana ba laifi ba ne, da shi muka ginu a garuruwan nan. Amma iyayen Aaliyah ma ba wa baƙo suka ba ta ba, ta hannun kawunta aka bi. Wanda aka ba yaro a riƙa leƙa shi, a riƙa tambayar yaron shi kaɗai, kuma in yarinya ta fara kawo kuɗi gida, a lokacin ne ya kamata a ƙara sa ido, domin a lokacin ne bakin kowa ke mutuwa.

Na biyun kuma kullum muna ganin sa a tasha. Mota ta cika, a ce a ƙara buhu biyu, a ƙara mutum ɗaya a kan lodi, direban da ya kwana bisa hanya ya ce zai juya a daren. In wani ya yi magana sai mu fasinjoji mu taso masa, mu ce yana ɓata mana lokaci. Su ma mutanen Marsh Harbour da sun haƙura sun kwana, da jirginsu na ran Lahadi yana nan. Kwana ɗaya suka so su rage.

Allah ya tsare mana zuriya, ya kai matafiyanmu gida lafiya. Sai mun sadu a fitowa ta gaba.